BABI NA UKU: MALAM MAMAN BARKA, MALAMIN MAKARANTA KUMA MAKAƊIN GURMI

3.1 Dalilin Kawo Shi

A babi na biyu an nuna cewa a ƙasar Bebeji da Ƙiru da Tudun Wada da Doguwa, kamar sauran ƙasar Hausa, kiɗa sana'a ce ta gado. Ɗan makaɗi yana tashi ne da kalangu ko kotso a hammata, ya bi mahaifinsa gidan biki yana amshi, har hannunsa ya faɗa. To amma yau da yawa daga 'ya'yan makaɗa sun shiga boko ko kasuwa, sun bar kayan kiɗan a rataye. Tambayar ita ce, idan gado ya yanke, ta wace hanya kiɗa zai rayu? Domin neman amsa, wannan babi zai tsallaka iyaka zuwa Jamhuriyar Nijar, ya duba rayuwar marigayi Malam Maman Barka, wanda ya ɗauki wani kiɗa da ba na kakanninsa ba a lokacin da magadansa suka guje shi.

3.2 Asalinsa da Aikin Koyarwa

An haifi Maman Barka a ƙarshen shekarun 1950 a garin Taskar, cikin jihar Damagaram. Shi Batube ne, wato daga ƙabilar Tubawa makiyaya raƙuma. Ya yi karatun boko, ya zama malamin makarantar firamare, kuma wannan laƙabi na "Malam" ya bi shi har ƙarshen rayuwarsa.

Yana cikin aikin koyarwa ne sunansa ya fito a kiɗan gurmi. Gurmi dai ƙoƙo ne da ake rufewa da fata, a sa masa gora da tsarkiya, shi ne kuma abin kiɗan marigayi Haruna Uji na Haɗeja. Duk wanda ya san matsayin da Bahaushe ya ajiye makaɗi zai gane cewa wannan ba ƙaramin ƙarfin hali ba ne. A garuruwanmu, malamin makaranta mai albashi ya rataya gurmi ya shiga fage, abin magana ne, domin kuwa kiɗa da roƙo a wuri ɗaya ake lissafa su. Shi kuwa bai ɗauki abin a matsayin faɗuwa ba. Ya yi waƙa da Hausa da Tubanci da Barbarci, kuma waƙoƙinsa na Hausa su ne suka kai muryarsa Arewacin Nijeriya ta hanyar rediyo da kaset. Daga baya ya yi aiki a Yamai, a cibiyar koyar da kiɗa mai ɗauke da sunan Alhaji Taya, wadda aka kafa a 1989.

3.3 Yadda Malami ya Koma Almajiri

Muhimmin abu a tarihinsa ya faru ne a 2002. A bakin Tafkin Cadi akwai ƙabilar Buduma, masunta kuma makiyaya, waɗanda ke kiran kansu Yedina. Suna da wani abin kiɗa mai suna biram, wanda ake sassaƙawa da siffar kwalekwale, a rufe shi da fata, a ɗaura masa tsarkiya biyar. A wurinsu ba kayan wasa ba ne, domin sun yi imani yana da alaƙa da iskan tafkin, saboda haka ba kowa ke taɓa shi ba sai wanda aka shigar ta hanyar al'ada.

Kafin wannan lokaci rayuwar Buduma ta riga ta girgiza. Tafkin da faɗinsa ya kai kimanin murabba'in kilomita 25,000 a farkon shekarun 1960 ya janye ƙwarai bayan farin 1973 da na 1984. Jama'a suka watse neman abinci, samari suka daina zama gaban tsofaffi. Aka wayi gari tsoho ɗaya ne aka sani ya rage da ya iya biram sosai, sunansa Bukar Tar.

Da tallafin Hukumar UNESCO, Maman Barka ya tafi wurin wannan tsoho ya durƙusa. A nan ya kamata a lura da abu biyu. Na farko, shi ba Buduma ba ne, kuma bisa ƙa'idar gado ba shi da rabo a wannan kiɗa. Na biyu, a lokacin ya haura shekara arba'in, sunansa ya riga ya kai ko'ina a Nijar. Mutum irin wannan ya yarda a gyara masa yatsa kamar yaro, abu ne mai wuya a tsakanin makaɗa, waɗanda aka sani da kishin juna. A ganin mai wannan bincike, aikin aji ne ya sauƙaƙa masa, domin wanda ya saba koyar da ɗan kowa ya san cewa ilimi ba a jini yake ba. Shi ma Bukar Tar ya yi nasa sassaucin, tun da ya gwammace baƙo ya ɗauka a kan a binne kiɗan tare da shi. Ya koya masa waƙoƙin da al'adun da ke tattare da su, sa'an nan ya bar masa biram ɗin.

3.4 Fita Waje da Rasuwarsa

Bayan rasuwar tsohon, Maman Barka ya ɗauki biram ya zaga da shi, tare da abokin kiɗansa Umaru Adamu mai duma da kalangu da ƙwarya. Sun yi wasa a bikin WOMAD na Ingila a 2008, kuma a 2009 kamfanin World Music Network ya fitar da faifansa na biram.

Sai dai akwai abin dubawa. Biram ya bar kwalekwale da tsibiri ya hau dandamali, gaban Turawan da ba su jin Budumanci, kuma kiɗan da ake yi wa iska ya zama na masu sayen tikiti. Mai suka zai iya cewa gangar jikin aka ceto, ba ruhin ba. Amma a 2015, sakamakon hare-haren Boko Haram a jihar Difa, gwamnatin Nijar ta kwashe mutane daga tsibiran tafkin, wato ainihin wurin da za a ce a mayar da kiɗan ma ya zama kufai na wani lokaci.

Allah ya yi wa Malam Maman Barka rasuwa a Yamai ranar 21 ga Nuwamba, 2018.