Sani Magori: daga gonar albasa zuwa kukan kurciya

Ƴan uwa ɗalibai, in aka yi zancen sinimar Nijar, sunayen da ke fara zo mana su ne Umaru Ganda da Mustafa Alasan. Sun cancanta. Amma ni yau ina so mu dubi wani na bayansu, Elhaji Sani Magori, wanda aka haifa a Galmi, cikin jahar Tawa, a 1971.

Sani bai fara da kyamara ba. Ilimin noma ya karanta, daga baya ya tafi jami'ar Gaston Berger ta Saint-Louis, a Senegal, ya koyi haɗa fim na zahiri, wato wanda babu ƴan wasa cikinsa, mutane ne da rayuwarsu. Da ya samu sana'ar, gida ya dawo da ita.

A 2008 ya fitar da "Pour le meilleur et pour l'oignon". Labarin wani aure ne a garinsu, wanda ɗaurinsa ya rataya ga kuɗin albasa. Kowa ya san albasar Galmi ta kai kasuwannin Abijan da Akara. Abin da ba a cika nunawa ba shi ne manomin: lokacin girbi farashi ya faɗi, in ya ajiye yana tsoron ruɓa, ga biki na jira. Malamin gona ne ya haɗa fim ɗin, shi ya sa ya san inda ciwon yake.

Fim ɗin da ya fi taɓa ni shi ne "Koukan Kourcia" na 2010, mu kuwa mu rubuta Kukan Kurciya. Cikinsa akwai tsohuwar zabaya, Husai. A shekarun 1970 waƙoƙinta sun zuga samari su tafi bida bakin teku, kada su zauna gida hannu wofi. Da yawa sun tafi, wasu ba su komo ba. Mahaifin Sani kansa ya daɗe a Abijan. Sai Sani ya ce to, muryar da ta kore su ita za ta kira su. Ya ɗauki Husai suka kama hanya har Abijan, don ta yi waƙar komowa gida.

Ku duba fa: tarihin bida ba mu karanta shi a lakwal ba. Littafi zai gaya maka fari da yunwa sun tura mutane kudu, gaskiya ne. Amma ba zai gaya maka kunyar da saurayi ke ji ba in zabaya ta ambaci sa'o'insa a dandali ta tsallake shi. Wannan sai a bakin masu abin.

Ni da nake karatun harshe, akwai wata riba kuma. Mutanen fim ɗin da Hausarsu suke magana, irin ta yankin da ake cewa "tahiya", ba "tafiya" ba. Fassarar Faransanci da ke ƙasan hoto ma'ana kawai take kamawa. Habaici da kirari suna cikin sautin. Ko ba don komi ba, an adana su.

Kukan kurciya jawabi ne, in ji Hausawa, mai hankali ke ganewa. Kowane gari namu, daga Madawa har Mirya, yana da tsohuwar da ta riƙe waƙoƙin da babu wanda ya ɗauka. Yawancinmu muna da salula mai ɗaukar murya. Hutu mai zuwa, kowa ya nemi izinin tasa, ya zauna gabanta, ya rubuta sunanta da garinta da ranar.