Gado ko Amana: Shari'o'in Riƙon Haikalin Hindu a Kotunan Indiya

A dokar Indiya, abin bautar da ke cikin haikalin Hindu yana da matsayin mutum a gaban shari'a: yana mallakar gona da zinariya, yana kai ƙara, ana kuma iya kai shi. Majalisar ɗaukaka ƙara ta Sarkin Ingila ta jaddada haka a shari'ar Pramatha Nath Mullick a 1925. Tun da abin bautar ba ya magana, dole wani ya tsaya a madadinsa, ya karɓi kuɗin shiga, ya biya ma'aikata, ya tabbatar an yi hidimomin bauta a kan lokaci. A wurare da dama wannan riƙo yana bin jini, daga uba zuwa ɗa. Mai karatu da ya san hukuncin wakafi zai gane lamarin nan take, domin nazirin wakafi ma yana juya dukiyar da ba tasa ba. Ra'ayina a nan shi ne kotunan Indiya sun yi daidai da suka ƙi ɗaukar gado a matsayin mallaka, amma sun daɗe kafin su ja wa gwamnati layi.

Hannun hukuma a harkar haikali ya girmi 'yancin kan Indiya. Kamfanin Turawan Ingila ya ɗora wa hukumar harajinsa kula da dukiyoyin haikali a lardin Madras ta wata doka ta 1817, gwamnatin mulkin mallaka kuma ta zare hannu da dokar 1863. Bayan 'yanci, sashe na 25 da na 26 na tsarin mulki suka ba kowace ƙungiyar addini damar gudanar da lamuran addininta, suka kuma bar wa gwamnati ikon tsara abin da ya shafi kuɗi da gudanarwa. A shari'ar Shirur Mutt ta 1954, alƙalai 7 na Kotun Ƙoli suka raba gida biyu: abin da yake ginshiƙin addini ba a taɓa shi, abin da yake harkar duniya doka na iya shiga. Daga wannan rabo kusan duk rigingimun da suka biyo baya suka samo asali.

A aikace, rabon ya fi yi wa gwamnati daɗi. A shari'ar Seshammal ta 1972, kotu ta amince da dokar jihar Tamil Nadu da ta soke gadon jagorancin bauta, bisa hujjar cewa naɗa mai jagorantar bauta aikin gudanarwa ne, muddin an kiyaye ƙa'idojin littattafan addini na Agama. Jihar Andhra Pradesh ta soke gadon riƙon haikali ɗungurungum a dokarta ta 1987, Kotun Ƙoli kuma ta tabbatar da hakan a shari'ar Pannalal Bansilal Pitti a 1996. Masu goyon bayan waɗannan dokoki suna da hujja mai nauyi, kuma ba na raina ta. An sha samun magada da suka sayar da gonakin haikali ko suka ba 'yan uwansu haya a kan kuɗi kaɗan, kuma gado ya daɗe yana tsare matsayi a hannun manyan dangogi yana toshe ƙofa ga waɗanda al'ada ta mayar ƙasƙantattu.

Shari'ar haikalin Padmanabhaswamy da ke Thiruvananthapuram a jihar Kerala ita ce ta fi fito da zaren matsalar fili. A 1750 Sarki Marthanda Varma ya miƙa masarautar Travancore kacokan ga abin bautar, shi da magadansa suka koma suna mulki da sunan bayinsa. Wata yarjejeniya ta 1949 ta bar kula da haikalin a hannun sarki. Sai gyaran tsarin mulki na 26 ya soke gatan sarakuna a 1971, sarki na ƙarshe, Chithira Thirunal Balarama Varma, kuma ya rasu a 1991. Babbar Kotun Kerala ta yanke a 2011 cewa riƙon ya mutu tare da shi, don haka gwamnatin jiha ta kafa hukumar da za ta karɓa. A shekarar ce aka buɗe ɗakunan ajiya na ƙarƙashin ƙasa bisa umarnin Kotun Ƙoli, aka tarar da sarƙoƙin zinariya da tsabar kuɗi na da da duwatsu masu daraja, ɗaki ɗaya kuma aka bar shi a rufe. Da dukiya ta bayyana, kowa ya ƙara kaimi.

A ranar 13 ga Yuli, 2020, Kotun Ƙoli ta juya hukuncin. Ta ce sarauta daban, riƙon haikali daban, kuma na biyun yana ci gaba da bin al'adar gadon gidan. Amma ba ta sakar wa gidan sarautar mara ba. Ta sa gudanarwar yau da kullum a hannun kwamitin da alƙalin gunduma ke jagoranta, ta kuma umarci a binciki littattafan kuɗi na shekara 25 da suka wuce. Wato magaji ya tsira da matsayinsa, amma makullin baitulmali ya bar aljihunsa shi kaɗai.

Shari'ar haikalin Nataraja na Chidambaram ta cike ɗaya ɓangaren. Gwamnatin Tamil Nadu ta naɗa jami'in gudanarwa a kan dangin Dikshitar da ke riƙe da haikalin a 1987 bisa zargin almubazzaranci, aka yi ta tafka shari'a har 2014, lokacin da Kotun Ƙoli ta ce karɓe gudanarwa don gyara ɓarna dole ya kasance na ƙayyadadden lokaci, a mayar wa masu shi da zarar an gyara. Wannan shi ne layin da ya kamata a ja tun farko. Jami'in gwamnati ma ɗan Adam ne, kuma kujerar kwamitin haikali mai arziki tana iya zama ladan da jam'iyya mai mulki ke raba wa magoya bayanta. Mabiya addinin Hindu da yawa suna kuma tambayar dalilin da ya sa ƙasar da ta ce ba ruwanta da addini take gudanar da dubban wuraren bautarsu kai tsaye, kuma tambaya ce da ta cancanci amsa. Jihar Uttarakhand ta ɗanɗana zafin wannan ƙorafi, inda ta soke dokarta ta 2019 kan haikalan Char Dham a 2021 bayan zanga-zangar masu jagorantar bauta.

Hukuncin 2014 da na 2020 sun fi dokar Andhra Pradesh ta 1987 adalci. Magajin da ya ci amana a tsige shi bayan an saurare shi, a tilasta wa kowane mai riƙo buɗe littattafansa duk shekara, gwamnati kuma ta tsaya a matsayin mai sa ido, ta faɗi ranar fitarta tun ranar da ta shiga.