Iyakar Aikin 'Yan Sanda a Rikicin Bashi, Gona da Gado

Muna tunatar da jama'a, musamman dagatai da masu unguwanni, cewa karɓo bashi ba aikin ɗan sanda ba ne. Sashe na 32 na Dokar 'Yan Sanda ta 2020 ya hana kama mutum don kawai ya saɓa yarjejeniyar ciniki. Rikicin iyakar gona, rabon gado ko kuɗin haya, a fara kai shi gaban shugabannin gari domin sulhu; in ya gagara, sai kotu. Amma da zarar damfara, duka ko barazanar kisa ta shigo, magana ta zama ta laifi, 'yan sanda kuma za su shiga. Wanda aka tsare kan bashi zalla yana iya neman diyya a Babbar Kotu, har daga mai bashin da ya sa aka kama shi.