Daga Wuƙa Zuwa Haske: Yadda Aikin Gyaran Gani Ya Rabu Gida Uku

Tantanin nan garai-garai da ke gaban ƙwayar ido, wanda likitoci ke kira koniya, kaurinsa bai fi rabin milimita da kaɗan ba. Duk da haka shi ne ke lanƙwasa mafi yawan hasken da ke shiga ido. Idan aka rage masa tudu, mai rashin ganin nesa yana iya ajiye tabarau. Likitoci sun daɗe da gane haka. Abin da ya gagare su shi ne kayan aiki.

Da wuƙa aka fara. A shekarun 1960, José Barraquer a birnin Bogota na Kolombiya yakan yanko tantanin, ya daskarar da shi, ya fiƙe shi da inji, sannan ya ɗinke shi a mazauninsa. A shekarun 1970, Svyatoslav Fyodorov na Tarayyar Sobiyet ya riƙa tsaga shi kamar sifokin keke domin tsakiyarsa ta kwanta. Mutane da yawa sun ga nesa, amma wasunsu ganin ya ci gaba da sauyawa bayan shekaru.

Sauyin ya zo ne daga kamfanin IBM a Amurka, ba daga asibiti ba. A 1981, Rangaswamy Srinivasan da abokan aikinsa suka haska wata leza a kan ragowar naman talotalo, suka ga ta kankare shi ba tare da ƙona gefensa ba. A 1988 Marguerite McDonald ta yi amfani da irin wannan leza a idon mutum mai gani. Wannan shi ne PRK: a goge fatar saman tantanin, a kankare abin da ke ƙasa, a jira fatar ta sake tsirowa. Jiran ne matsalar, domin kwanaki ne na zafi da hawaye, kuma gani kan ɗauki makonni kafin ya washe.

LASIK, wanda Ioannis Pallikaris na Girka ya bayyana a 1990, amsa ce ga wannan zafi. Maimakon goge fatar, sai a yanka siririn murfi, a ɗaga shi, a kankare ƙarƙashinsa, a mayar. Yawanci washegari mutum ke gani sarai, shi ya sa ya karɓu fiye da kowanne. Sai dai murfin ba ya komawa da ƙarfinsa na asali, kuma jijiyoyin da aka yanke kan jawo bushewar ido, wani lokaci na watanni.

Na uku, SMILE, hukumar magunguna ta Amurka ta amince da shi a 2016. Leza ce ke yanka ɗan faifai a cikin tantanin, likita ya zaro shi ta wata 'yar kafa. Babu murfi, amma idan gyaran bai cika ba, ƙarawa ta fi wuya.

Masu talla sun fi son a ɗauka sabon ya binne tsohon, alhali ba haka tarihin ya nuna ba. Har yau, idan tantanin mutum siriri ne, ko sana'arsa ta naushi ce kamar dambe, likita kan koma ga PRK, wanda ya girme su duka, tunda ba shi da murfin da duka zai goce da shi.