Gos: Faifan da Ke Ta da Matacciyar Kwamfuta

Duk wanda ya taɓa kai kwamfuta gyara a Ƙonni ya ji wannan magana: "Sai dai a yi mata gos." Da yawa cikinmu mun ɗauka wata kalmar masu gyara ce kawai. Ashe sunan wata manhaja ce, Ghost, wadda wani mutumin Niyu Zilan mai suna Murray Haszard ya ƙirƙira a birnin Okland, kamfanin Symantec na Amurka kuma ya saye ta a 1998.

Dabarar ba wuya. Girka Windows daga farko aiki ne na awa guda ko fiye, kana zaune kana amsa tambayoyi, bayan nan ka nemo direban sauti da na allo, ka sa Word. Shi kuwa mai gyara sau ɗaya yake wannan wahala. In ya gyara kwamfuta guda tsaf, sai ya kwashe hoton faifanta gaba ɗaya ya dunƙule cikin fayil guda. Gobe in anka kawo wata ta mace, zuba mata hoton kawai zai yi, cikin ƴan mintoci ta tashi.

To me ya sa abin ya kama ƙasa a nan? Ku duba inda muke. Kwamfutoci na hannu da yawa ta Najeriya suke shigowa, daga Legas zuwa Sakkwato, su tsallako ta Illela ta can, da Windows na Turanci. Mu kuwa a lakwal Faransanci munka koya. Hoto ɗaya na Faransanci ya isa ya musanya harshen injin, ko da madannan sun ci gaba da rikita A da Q. Ga ɗaukewar wuta, wadda ke lalata fayilolin tsari in ta zo tsakiyar aiki. Ga ƙwayar cuta da ke yawo a kile daga sibar zuwa sibar.

A da, sarkin hotunan nan shi ne Windows XP, wanda ya fito a Oktoban 2001 kuma bai da cin ƙwaƙwalwa. Symantec ta daina sayar da Norton Ghost a 2013, Microsoft ta janye tallafin XP ran 8 ga Afrilun 2014, amma tsofaffin injuna ba su ji labari ba. Sai a Mayun 2017, da cutar WannaCry ta rufe kwamfutocin asibitoci a Ingila, anka ga abin da tsohon tsari marar kariya ke jawowa.

Abin da masu gyara ba su cika faɗa ba: gos ba ya gyara, shafewa yake. Duk abin da ke ɓangaren faifan da anka zuba shi ya tafi. Ni kaina na kai tawa wani shago, da rahoton horona na wata uku a ciki, ba kwafi ko ɗaya. Ta dawo garas, da koren tudun nan na XP da shuɗin sama. Na tambayi mai shagon ina takarduna, ya ce, "Ƙanena, ai ba ka ce akwai kaya ciki ba."