Las Kofur Coltman, Sojan da Ya Ajiye Bindiga Ya Ɗauki Mutane

Kafin shekarar 1914 ta ƙare, Yaƙin Duniya na Farko ya riga ya cije a Faransa da Beljiyam. Bayan gumurzun kogin Marne a watan Satumba, kowane ɓangare ya haƙa ramuka ya shige, tun daga gaɓar teku har iyakar Suwizalan, nisan kusan kilomita 700. Tsakanin ramukan Ingila da na Jamus akwai wani fili da ba na kowa ba, cike da taɓo da waya mai ƙaya, bindigogi masu jigida na gadinsa dare da rana. Wanda harsashi ya kayar a nan, yana iya kwana biyu yana kiran 'yan'uwansa, suna ji, ba halin fita. Wannan fili ne ya haifar da irin jaruntakar William Harold Coltman.

An haife shi ranar 17 ga Nuwamba 1891 a ƙauyen Rangemore, kusa da garin Burton a Ingila. Ɗan lambu ne, gajere, ɗan ɗarikar Kirista ta Plymouth Brethren, yana koyar da yara ranar Lahadi. A watan Janairun 1915 ya shiga rundunar North Staffordshire. Da bindiga ya fara kamar kowa, amma imaninsa bai bar shi ya kashe mutum ba, sai ya koma cikin masu ɗauko waɗanda aka jikkata.

Kada a ɗauka ya nemi sauƙi ne. Mai wannan aiki ba ya riƙe makami, kuma lokacin da kowa ke sunkuyar da kai, lokacin ne shi yake fita. Gadon ɗaukar majinyaci kan buƙaci mutum biyu ko huɗu, in taɓo ya yi yawa har fiye. Mutum huɗu a tsaye kuwa abin hari ne ga maharbi. Coltman sau da yawa yakan rarrafa shi kaɗai, ya ɗaure wa mutum rauni, ya goya shi a baya ya dawo. A shekarar 1917 ya karɓi lambar Military Medal sau biyu, ya kuma sami Distinguished Conduct Medal. A ƙarshen Satumban 1918, kusa da mashigin ruwan St Quentin, inda rundunarsu ta fasa katangar tsaron Jamus, ya yi aikin da aka sake ba shi Distinguished Conduct Medal karo na biyu.

Kwanaki kaɗan bayan haka, ranakun 3 da 4 ga Oktoba, aka gwabza a tudun Mannequin kusa da Sequehart. Jamusawa suka tilasta wa sojojin Ingila ja da baya, aka bar masu rauni a fili. Da labari ya iske Coltman, sai ya nufi wurin shi kaɗai cikin ruwan harsashi. Ya nemo su, ya ɗaure musu raunuka, ya goyo mutum ya kai tudun mun tsira, ya koma, har sau uku. Awa 48 ya yi yana jinya bai huta ba. Abin da ya fi taɓa ni shi ne komawar ta biyu da ta uku, domin a lokacin ya riga ya ga abin da ke jiransa da idonsa.

A kan wannan aka ba shi Victoria Cross, lambar jarunta mafi girma a Birtaniya, wadda Sarauniya Biktoriya ta kafa a 1856. Sarki Joji na Biyar ne ya maƙala masa ita a fadar Buckingham a 1919. Da ita ya zama ƙaramin sojan Birtaniya da ya fi kowa lambobin yabo a yaƙin, alhali muƙaminsa bai wuce las kofur ba.

Ya koma Burton, ya kama aikin kula da lambunan shaƙatawa na garin har ya yi ritaya a 1963. A Yaƙin Duniya na Biyu ya jagoranci matasa masu koyon aikin soja na garin da muƙamin kyaftin. Ya rasu ranar 29 ga Yuni 1974 yana da shekara 82, aka binne shi a Winshill. Lambobinsa suna gidan tarihin rundunar Staffordshire kusa da Lichfield, inda aka haƙa ramin yaƙi irin na wancan zamani aka sa masa sunansa.