Rikicin rajistar masu zaɓe a ƙungiyoyin gama-kai na Indiya

Rikicin rajistar masu zaɓe taƙaddama ce ta shari'a da ke tasowa a kan wanda ya cancanci sunansa ya shiga jerin masu kaɗa ƙuri'a idan ƙungiyar gama-kai za ta zaɓi shugabanninta. Irin wannan ƙara ta yi yawa a Indiya, musamman a jihohin Maharashtra da Gujarat, inda ƙungiyoyin manoman rake, na masu madara da bankunan gama-kai na gundumomi ke juya kuɗi masu yawa, kuma shugabancinsu ya daɗe da zama tsani ga 'yan siyasa.

Tushen doka

Dokar farko ta ƙungiyoyin gama-kai a Indiya ta fito a 1904, zamanin mulkin Birtaniya, aka faɗaɗa ta a 1912. Daga 1919 lamarin ya koma hannun larduna, har yau kuma kowace jiha da dokarta. Ta Maharashtra ita ce ta 1960. Ƙa'idar da aka gada daga ƙungiyar Rochdale ta Ingila, wadda aka kafa a 1844, ita ce mutum ɗaya ƙuri'a ɗaya, komai yawan hannun jarinsa. Tunda kuɗi ba ya ƙara wa mutum ƙuri'a, mai neman rinjaye sai ya koma kan jerin sunayen: wa zai shiga, wa za a cire.

Abin da ake jayayya a kai

Kafin zaɓe akan liƙa jerin wucin gadi, a ba da 'yan kwanaki na kai ƙorafi, jami'in zaɓe ya saurara, sannan a fitar da jerin ƙarshe. Ƙorafin da aka fi kawowa shi ne cewa shugabannin da ke kan mulki sun cusa sababbin mambobi gab da zaɓe, ko sun bar sunayen matattu da na waɗanda ba sa zaune a yankin ƙungiyar. Akwai kuma batun bashi. Dokar Maharashtra ta hana wanda ya kasa biyan rancen ƙungiya yin zaɓe, kuma littattafan da ke nuna wanda ake bi suna hannun shugabannin da su ma 'yan takara ne. Nan ne gizo ke saƙa.

A manyan ƙungiyoyi na tarayya abin ya fi tsanani. A can ba ɗaiɗaikun manoma ke zaɓe ba. Kowace ƙaramar ƙungiya ta ƙauye tana tura wakili ɗaya da takardar shawarar kwamitinta. Masu zaɓen ba su da yawa, don haka sauya wakilai kaɗan, ko yi wa wasu ƙungiyoyi rajista a takarda kawai, ya isa ya juya sakamako.

Matsayin kotuna

Babbar tambayar da ke gaban alƙalai ita ce lokacin da ya dace su sa baki. A shari'ar Ponnuswami ta 1952 Kotun Ƙolin Indiya ta yanke cewa idan aka fara harkar zaɓen majalisa ba a tsayar da ita, sai an gama mai ƙorafi ya shigar da ƙarar zaɓe. A 2001, a shari'ar Shri Sant Sadguru Janardan Swami, wadda wata ƙungiyar masu madara ta Maharashtra ta ɗaukaka, kotun ta ɗora ƙungiyoyin gama-kai a kan wannan layi. Ta ce shirya jerin masu zaɓe mataki ne a cikin zaɓen kansa, saboda haka bai kamata Babbar Kotu ta dakatar da zaɓe domin kuskure a jerin ba.

Hujjar tana da ƙarfi, domin da an buɗe wannan ƙofa, duk wanda ya hango faɗuwa zai garzaya kotu ya hana zaɓe, shugabannin da wa'adinsu ya ƙare su ci gaba da zama. Amma tana da tsada ga wanda aka cire sunansa ba bisa ƙa'ida ba: wa'adin kwamiti shekara 5 ne, ƙarar zaɓe kuwa tana iya cin wani babban ɓangare nasa kafin a yanke hukunci. Shi ya sa kotun ta sassauta daga baya. A shari'ar ƙungiyar madara ta gundumar Ahmednagar ta amince a sa baki, domin an gina jerin a kan gyaran dokokin ƙungiya da bai halatta ba. A shari'ar Pundlik ta 2005, wadda ta shafi ƙin karɓar sauyin wakili, ta sake nuna cewa hanin ba na kowane hali ba ne. Lauyoyi kan shafe zama guda suna gardamar ko ƙararsu ta faɗa ƙarƙashin hukuncin 2001 ko ƙarƙashin waɗannan biyun.

Gyaran tsarin mulki

Gyara na 97 ga kundin tsarin mulki, na 2011, ya wajabta a yi zaɓe kafin wa'adi ya ƙare, kuma kula da rajista ta koma hannun hukumar da dokar jiha ta tanada. Maharashtra ta gyara dokarta a 2013, ta tanadi hukumar zaɓen ƙungiyoyin gama-kai ta jiha. A watan Yulin 2021 Kotun Ƙoli, a shari'ar Rajendra Shah, ta soke wannan sashe game da ƙungiyoyin cikin jiha, saboda ba a nemi amincewar rabin majalisun jihohi ba, ta bar shi ga ƙungiyoyin da ke aiki a jiha fiye da ɗaya. Su waɗannan, gyaran doka na 2023 ya kafa musu hukumar zaɓe ta tarayya.